Kyamara ɗaya da waƙar girbin Ifugao: ta ina za a fara?

"Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne daga Najeriya, ina karatu a birnin Baguio na ƙasar Filifin. Abokin karatuna ɗan ƙabilar Ifugao ne, kakarsa tana cikin tsofaffin da suka rage masu rera hudhud, waƙar da suke yi lokacin girbin shinkafa. Ya ce yaran yanzu ba sa koyo, ita kuma jiki ya fara ja da baya. Kyamara ɗaya muke da ita da ɗan kuɗi kaɗan, babu kamfani ko gidan talabijin a bayanmu. Muna so mu yi fim ɗin gaskiya a kanta don kada abin ya ɓace. Shin fim zai iya ceton al'ada irin wannan? Ta ina za mu fara, kuma me za mu kiyaye?"

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Allah ya ba tsohuwa lafiya, ya ba ku sa'ar karatu. Tambayarka biyu ce a haɗe: ko fim yana ceton al'ada, da kuma yadda mutum biyu masu ƙaramin ƙarfi za su yi aikin ba tare da sun ɓata ba. Amsar ta farko ita ce za ta tsara muku komai. Fim na minti 40 ba ya adana waƙar da ake kwana ana rerawa, yana dai nuna wa duniya cewa akwai ta. Abin da ke adana ta shi ne cikakken ɗauka daga farko har ƙarshe, da sauti mai tsabta, a rubuce kuma a fassare, a ajiye a hannun masu ita. Saboda haka aiki biyu ne a gabanku, taska da fim, kuma taskar ce gaba. Idan kuɗi ya ƙare a tsakiya, gara ya ƙare kuna da taska babu fim.

Abin da kuke shirin ɗauka

Ifugao ɗaya ce daga cikin ƙabilun asali kusan 110 da ke Filifin, akasarinsu a tsaunukan Cordillera na arewacin Luzon da tsibirin Mindanao. Su ne masu gonakin shinkafar nan masu hawa-hawa a jikin duwatsu, waɗanda UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya a 1995. Hudhud kuwa ta samu shaidar UNESCO a 2001. Labarai ne masu tsawo sama da 200 a kan jarumai irin su Aliguyon da Bugan, a cikinsu akwai dokokin gargajiya, aure, yaƙi, sulhu da darajar shinkafa. Ana rera su lokacin aikin gona, musamman girbi, da wajen zaman makoki, kuma labari ɗaya kan iya cin kwanaki.

Tsarin rerawar yana da muhimmanci ga mai ɗaukar sauti. Akwai mai ba da waƙa, galibi tsohuwa, da suke kira munhaw-e. Ita ke riƙe da zaren labarin, tana jefa ɗan gajeren layi, sai 'yan amshi su karɓa su ƙarasa da sunayen wurare da na mutane da jimlolin da ake maimaitawa. Idan kuka zaunar da kakar abokinka ita kaɗai a gaban kyamara, rabin waƙa kuka ɗauka. Sai da 'yan amshinta. Dalilan ja da bayan abin ma suna nan kusa: shigar Kiristanci, canjin yadda ake girbi daga taron mata masu yanka zangarniya da hannu, da tafiyar matasa birane. Waƙa ce ta taron aiki, idan taron ya watse sai ta rasa mazauni.

Me ya sa za su yi ɗari-ɗari da ku

Mutanen Cordillera sun daɗe da sanin kyamara, kuma ba da alheri ta fara zuwa musu ba. A baje kolin duniya na St. Louis a Amurka a 1904 an kai 'yan Igorot, wato mutanen tsaunukan Cordillera, aka ajiye su ana kallo, ana sa su yanka kare suna ci don 'yan kallo, aka yaɗa hotunan a matsayin hujjar cewa ƙasar ba ta isa mulkin kanta ba. A 1971 kuma aka shelanta gano Tasaday a dajin kudancin Mindanao, aka ce mutanen kogo ne da ba su taɓa haɗuwa da kowa ba, mujallar National Geographic ta sa su a bangonta a 1972. A 1986 ɗan jarida Oswald Iten na Suwizalan da Joey Lozano ɗan ƙasar suka same su sanye da tufafi a cikin gidaje, aka shiga gardamar da ta ɗauki shekaru. Masana harshe daga baya sun nuna cewa mutanen na gaske ne, suna da karin harshensu, amma hoton da aka sayar wa duniya an yi masa ado. Darasin da ya shafe ku kai tsaye: kada ku ce wa kowa ya cire rigarsa ta kanti ya sa kayan gargajiya, kada ku kawar da wayar salula ko kwanon roba daga gaban kyamara. Yadda kuka same su, haka za ku ɗauka.

Izini

Akwai doka. Dokar haƙƙin ƙabilun asali ta 1997, mai lamba 8371, ta amince cewa ilimin gargajiya da waƙoƙi da al'adu mallakar al'umma ne, kuma ita ta kafa hukumar NCIP mai kula da harkokin ƙabilun asali. Ta shar'anta a samu yardar al'umma kafin a fara, cikin 'yanci, bayan an yi musu cikakken bayani da harshen da suke ji. A 2012 hukumar ta fitar da ƙa'idoji na musamman a kan bincike da tattara ilimin gargajiya. Ni mai aikin fim ne, bayanin da nake ba ka na sana'a ne. Takardun da za a cika da matakan da suka hau kanku, ofishin NCIP na lardin Ifugao ne zai faɗa muku, kuma ku je da wuri, domin abin yana cin watanni. Abokinka shi ya kamata ya zama mai aikin a takarda da a zahiri. Kai baƙo ne mai bizar karatu, matsayin mataimaki ya fi maka kyau ta kowace fuska.

Kada ku ɗauka yardar tsohuwa ta wadatar. A watan Agusta na 2021 dandalin Nas Academy ya tallata kwas na koyon jarfar gargajiya da sunan Whang-od, shahararriyar tsohuwar nan ta ƙauyen Buscalan a Kalinga. Danginta suka ce ba ta fahimci abin da aka ƙulla ba, dandalin ya nuna bidiyonta tana dangwala yatsa a takarda, ofishin NCIP na Cordillera ya ce ba a nemi yardar al'umma yadda doka ta tanada ba. Aka janye kwas ɗin, daga baya aka yi sulhu. Dangwalen mutum ɗaya ba ya sayar da abin da yake na gari.

Yadda ake yi a aikace: ziyarar farko ku bar kyamara a jaka. Ku gaida iyali, ku gaida dattawa da shugaban unguwa, wato kaftin na barangay, ku zauna da matan da ke yi mata amshi. A taron da za a yi, ku faɗi abu biyar ɓaro-ɓaro: wa zai ga fim ɗin, ko za a sa shi a YouTube ko Facebook, ko za a samu kuɗi da shi da yadda za a raba, wa zai riƙe ainihin abin da aka ɗauka, da kuma cewa suna da ikon cewa a cire wani sashe ko bayan an gama. Ku rubuta yarjejeniyar da harshensu, Tuwali ne ko Ayangan, a karanta ta da ƙarfi, ku ɗauki karatun da amsar mutane a bidiyo. Ku raba abin da za ku ɗauka kashi uku tun daga nan: na kowa da kowa, na 'yan gari kawai, da wanda ba a ɗauka sam. Hudhud na makoki da addu'o'in mumbaki, masu jagorantar ibadar gargajiya, sukan faɗa kashi na biyu ko na uku. Kuma kada ku biya kuɗi a yanka kaza ko alade a shirya muku ibada saboda kyamara. Abin da ya dace ku biya shi ne wunin aikin da kuka hana mutane, daidai da ladan ƙwadagon gona na wurin, da abincin taro.

Idan kai Musulmi ne, ka gaya wa abokinka ya sanar da masu masauki tun kafin ku isa cewa ba ka cin alade, ba ka shan giyar shinkafa. A taronsu waɗannan su ne abin karrama baƙo, kuma ƙin karɓa a gaban jama'a ba tare da an riga an sani ba yana iya zama abin kunya ga mai gida.

Sauti ya fi hoto

A nan ne yawancin masu farawa suke asara. Mai kallo yana haƙuri da hoto mai duhu, amma waƙar da ba a jin kalmominta ba ta da amfani ga jikan da zai zo koyo bayan shekara 30. Idan kuɗinku na abu ɗaya ne, ku sayi rakoda ta daban mai ƙofa biyu ko huɗu, ku bar zancen sabon gilashin kyamara.

Ku maƙala wa mai ba da waƙa ƙaramin makirufo a ƙirji, kamar taƙi ɗaya ƙasa da baki, a inda duwatsun wuya ko mayafi ba za su riƙa gogarsa ba. Shi zai shiga layinsa shi kaɗai. 'Yan amshi kuma ku kafa musu makirufo mai kunne biyu a tsakiyarsu, mita 1 zuwa 2 daga bakunansu. Dalilin raba layin shi ne muryar tsohuwa ba ta da ƙarfi, amshi kuwa na mutum goma ne. Idan suka haɗu a layi ɗaya amshin zai danne ta, kuma daidai kalmominta ne ke ɗauke da labarin. Ku ɗauka a tsarin WAV, 48 kHz, 24-bit, kada ku yarda da MP3. Ku saita ƙarfin shiga yadda mafi ƙarar amshi ba za ta wuce -12 dB ba. Idan za a buga gangsa, farantan tagullar nan nasu, ku ƙara ragewa, domin bugunsu na farko yana fasa sauti, kuma sautin da ya fashe ba ya gyaruwa, sai dai idan rakodarku mai 32-bit float ce. A gona iska ba ta tsayawa, don haka kowane makirufo ya sa rigarsa ta gashi, soso kaɗai ba ya tare ta. Mutum ɗaya cikinku aikinsa kawai ya sa abin ji a kunne daga farko har ƙarshe.

Rakoda ba ta tsayawa ko kyamara ta tsaya. Kyamarori da yawa na da suna yanke ɗauka kafin minti 30, wasu kuma zafi ke kashe su, amma sauti mai layi biyu a wannan tsari wajen gigabait 1 kawai yake ci a awa, saboda haka babu dalilin kashe ta. Duk lokacin da kuka sake kunna kyamara, ɗaya ya tafa hannu sau ɗaya a gabanta, da wannan tafin za ku daidaita hoto da sauti wajen tacewa. A farkon kowane ɗauka ku faɗi kwanan wata, sunan ƙauye, sunan labarin da sunayen masu rerawa da baki, su shiga cikin sautin kansa. Takarda tana ɓacewa, wannan ba ya rabuwa da fayil.

Hoton taska daban yake da hoton fim. Kyamarar ku ɗaya ta hau ƙafarta, ta ɗauko kowa a fili ɗaya, mai bayarwa da masu amsawa da hannayensu, kada a motsa ta. Hotunan kusa, fuska da wuƙar girbi da damin shinkafa, ku ɗauke su da waya ko a wata rana. Mai kyamara ɗaya da ya riƙa yawo da ita yana neman kyakkyawan hoto zai dawo da gutsattsari, babu baiti ɗaya cikakke.

Ruwa, wuta da ajiya

Shinkafar gargajiya ta Ifugao sau ɗaya ake girbe ta a shekara, wajen Yuni zuwa Yuli, kuma lokacin damina ne da farkon guguwa. Zaftarewar ƙasa tana rufe hanya, don haka ku ƙara kwana biyu ko uku a lissafinku. Danshi shi ne babban abokin gaba: fumfuna tana tsiro a cikin gilashin kyamara idan ya daɗe a laima. Ku tanadi akwatin roba mai rufewa ruf da ƙullin silika a ciki, kayan su kwana a nan kullum. Kada ku canja gilashi a fili ana yayyafi. Batura su ninka abin da kuke zato sau uku, da babban fawa banki, domin wuta tana ɗaukewa idan an yi hadari. Wutar ƙasar 60 Hz ce, ba 50 irin ta gida ba; idan kyamararka daga Najeriya ka zo da ita tana kan hoto 25 a daƙiƙa, hoto zai riƙa ƙyaftawa a ƙarƙashin ƙwan lantarki. Ka mayar da ita 30 ko 24, saurin rufewar idon kyamara 1/60 na daƙiƙa. A zaman dare kada ku haska wa tsofaffi fitila mai ƙarfi a fuska, ƙaramar fitila da aka jefa haskenta jikin bango ta isa.

Ga lissafin wuri. Hoton 4K a 100 Mbps yana cin gigabait 45 a awa. Kwana 10 kuna ɗaukar awa 4 kullum, terabait 1.8 ke nan, kuma kwafi uku ake bukata. Don kyamarar taska mai tsayawa wuri ɗaya, 1080 a 50 Mbps ya wadatar, zai rage nauyin da rabi. Kowane dare ku kwafe katin zuwa faifan ajiya biyu daban, ku buɗe fayilolin ku tabbatar suna wasa kafin ku goge kati. Faifan biyu kada su yi tafiya a jaka ɗaya. Na ukun ya zauna a wani gari. Faifan da aka jefa a durowa ba a kunna shi yakan mutu shiru, saboda haka duk shekara ku duba, duk shekara huɗu ko biyar ku kwafe zuwa sabo.

Rubutawa da fassara

Wannan ne aikin da ya fi tsawo, kuma shi ake gudu. Harshen hudhud tsoho ne, cike da kalmomin da ba a amfani da su a hira, har abokinka da aka haifa a can zai tsaya a wurare da yawa. Wadda za ta warware su ita ce tsohuwar kanta da ƙawayenta, don haka rubutawa ba abin da za a bari sai an koma Baguio ba ne. Ku zauna da ita da lasifika, ku kunna layi ɗaya, ta maimaita a hankali, a rubuta, ta yi bayani, ku kuma ɗauki wannan zaman a rakoda domin shi ma taska ne. A lissafin masu wannan aiki, minti ɗaya na waƙa yakan ci kusan awa ɗaya kafin a rubuta shi a fassara. Awa 3 na hudhud aikin watanni ne. Manhajar ELAN kyauta ce, an yi ta don haka: tana ɗaure kowane layi da daƙiƙarsa, ta ba ku jeri na harshen asali, jeri na Ilokano ko Filipino, jeri na Turanci. Kalmar da ba ta da takwara ku bar ta yadda take, ku yi mata bayani a gefe.

Sannan fim

Bayan duk wannan ne za ku zauna tacewa. Shawarata kada ku ɗora muryar mai sharhi daga waje tana bayyana su kamar kayan gidan tarihi. Tsohuwa da jikanta su yi magana da bakinsu, tazarar da ke tsakaninsu ita ce labarin. Kada ku sa kiɗan fiyano a ƙarƙashin hudhud. Ku bar aƙalla baiti ɗaya ya tafi cikakke ba yanka, ko da minti 4 ne, mai kallo ya ji yadda bayarwa da amshi suke juyawa. Fassarar ƙasan allo kada ta wuce layi biyu, harafi kamar 40 a kowane layi. Akwai na gaba da za ku duba aikinsu: Kidlat Tahimik, ɗan Baguio ɗin da kake zaune, wanda ya shafe shekaru yana aiki da Ifugao kuma aka ba shi lambar gwanin ƙasa a 2018, da Kanakan Balintagos wanda ya ɗauki ibadun danginsa na Palaw'an.

Kallon farko na 'yan gari ne, kafin kowane biki ko intanet. Majigi, farin ƙyalle da lasifika a makarantar ƙauye ko zauren barangay sun isa. Ku saurari inda suka yi gunaguni, ku gyara sunan da aka rubuta ba daidai ba, ku cire abin da suka ce a cire ko da shi ne hoton da kuka fi so. Sunayen masu rerawa su fito a matsayin masu waƙa, gaba da naku. Kwafin taskar kuma ku bayar ta hanyar da za ta yi amfani a can: katin memori mai sauti da zai yi wasa a ƙaramar waya ko rediyon kati, da rubutun a buga a takarda a kai makaranta. Lardin yana da azuzuwan koyar da hudhud ga yara a ƙarƙashin shirin makarantun al'adu masu rai na NCCA, hukumar al'adu da fasaha ta ƙasa, malamansu su ne suka fi kowa bukatar abin da za ku tara. Don ajiya mai tsawo, da yardar al'umma, ku tuntuɓi cibiyar nazarin kiɗan gargajiya ta Jami'ar Filifin da ke Diliman, inda tarin masanin kiɗa José Maceda yake, sa'o'i 1,760 na sauti daga ƙabilu 68, ko taskar waƙoƙin baka ta Jami'ar Ateneo de Manila da Nicole Revel ta assasa. Neman tallafi kuwa, NCCA da hukumar raya fina-finai ta FDCP suna bayarwa ga 'yan ƙasa, wani dalilin ke nan da ya sa sunan abokinka zai kasance a gaba, kuma bikin Cinema Rehiyon an yi shi ne don finafinan larduna irin naku.

Akwai iyakar da kyamara ba ta wucewa. Munhaw-e ba ta rera labari iri ɗaya sau biyu, tana tsawaitawa ko taƙaitawa gwargwadon taro da aikin ranar. Da zarar an ɗauki guda, yara sukan haddace shi su ɗauka shi ne daidai, sauran hanyoyin su mutu. Maganin da ke hannunku shi ne ku ɗauki labari ɗaya sau biyu ko uku a ranaku daban, idan da hali daga bakin wata tsohuwar ma, ku rubuta a jikin kowanne cewa wannan rerawar rana kaza ce. Kuma tun da jikin tsohuwa ya fara rauni, kada ku jira girbi ko kuɗin tallafi. Da zarar iyali da dattawa sun yarda kuma kun ji daga NCIP, ku tafi da rakoda a hutun da ke tafe, ku tara mata 'yan amshinta a tsakar gida, a sa 'yan mata biyu ko uku na dangi su zauna cikin masu amsawa. Zama na awa ɗaya da safe, lokacin da muryarta ta fi ƙarfi, ya fi na awa huɗu da zai kwantar da ita.